Makullin Lorin Alhaji Bello

Ƙarfe biyu da minti ashirin na rana, wata Laraba bayan girbin dawa, Alhaji Bello ya ciro makullin lorinsa daga aljihu ya miƙa wa Sa'idu, wani ɗan garinsu da ya iya tuƙi. Direban lorin yana kwance da zazzaɓin cizon sauro, buhuna kuma an riga an loda su, ana jiransu a kasuwar garin Hajj Abdalla kafin magariba. Na san lokacin ne domin Alhaji ya gaya wa ɗan sanda cewa ya duba agogo yana auna ko za a isa da rana, ɗan sandan ya rubuta, ni kuma na kwafe da hannuna har sau uku. Hatsarin kansa sai wajen la'asar ya faru. Ruwan ban-ruwa ya ɓalle ya jiƙa hanyar da ke bin gefen tur'a, wato babbar magudanar ruwan gonaki, lorin ya zame a laka, ya bugi wani manomi, Malam Usmanu, yana kan jakinsa yana komawa gida. Bai kai asibiti ba.

Ina rubuta wannan ne saboda ku da kuke shigowa ofis yanzu da takardun jami'a, kuna ganin teburin biyan diyya zama ne ƙarƙashin fanka ana buga hatimi. Shekara ashirin da huɗu na yi a kan teburin nan, a reshen wani kamfanin inshora a Sinnar, abin da mutanenmu ke kira ta'amin. Hatimi shi ne abu na ƙarshe da hannu yake taɓawa, kuma sau da yawa ba a kai gare shi.

Wanda ya koya mini aiki shi ne Ustaz Tijani, wani dattijo mutumin Kamlin mai tabarau mai kauri. Ranar da na fara, ban ga fayil ko ɗaya a buɗe ba. Ya ajiye mini basilla da zaren ɗinkin buhu, da jan fensir, da rula, da gilashin ƙara girman rubutu, da takardar kabon, da ƙaramin gwangwanin tawadar dangwale. Wata huɗu ina ɗinke takardu. In na gama, sai ya ɗaga fayil ɗin ta zaren ya girgiza. Ko ƙaramin rasit ya faɗo, sai in warware in sake. Ya ce takardar da ta faɗo a hanyar Khartoum, haƙƙin wani ne ya faɗo, kuma ba wanda zai sunkuya ya ɗauka.

Bayan nan ya koya mini karatu. Kwanan wata uku ake fara ja wa layi: ranar da inshora ta fara, ranar da za ta ƙare, da ranar hatsari. Sannan a ɗauki lasisin direba a kai bakin taga. Na tuna wani lasisi da aka kawo mana daga wajen Kamlin, komai nasa daidai, suna da lamba da sa hannu. Ustaz Tijani ya ba ni gilashi ya ce in bi da'irar hatimin da ya hau gefen hoto. Da'irar ta zo bakin hoton ta tsaya, ta ci gaba a kan hoton da ɗan karkata, kamar faɗin ƙwayar gero. An cire hoton wa an liƙa na ƙane. Tun daga ranar ban sake duban fuskar da ke jikin lasisi ba sai na gama duban hatimi. Abu na ƙarshe da ya sa ni yi shi ne haddace bayan takardar inshora, ƙananan rubutun da ba mai karantawa. Yakan tsayar da ni ina shan shayi ya ce, "Sharaɗi na bakwai." In karanto masa da ka.

Masu motocinmu ba don hatsari suke sayen inshora ba, don shingen 'yan sanda suke saye. Su naɗe ta a leda, su cusa bayan madubi, ba za su sake buɗewa ba sai ta ƙare. Akwai mai boksi, wato a-kori-kura, da ya zo mana ƙarfe takwas na safe yana gaggawar a yanka masa takarda, fitilar motarsa a fashe, gashin akuya maƙale a jikin ƙarfen gaba. Saboda irinsa ne muke rubuta sa'a kusa da kwanan wata. Akwai kuma wata matsala da ta fi yawa a ƙauyukanmu na Hausa. Ba a samun lasisi, wanda mutanenmu ke kira ruksa, sai da jinsiyya, wato shaidar zama ɗan ƙasa, ita kuwa a lokacin sai mutum ya kawo shaida a kan ubansa da kakansa. Da yawa sun je sun dawo har sun gaji. Sa'idu na cikinsu. Shekara ashirin da biyu yana tuƙa tarakta da lori a cikin gonaki, duk yankin ba wanda ya fi shi sanin hanyar laka, amma a takarda bai taɓa riƙe sitiyari ba.

Shekarar ta zo mana da wuya. Hatsari ya yi yawa, kuɗi ya karye, babban ofis ya aiko da umarni cewa duk fayil ɗin da direbansa ba shi da lasisi a rubuta masa ƙi, in mai haƙƙi yana da ƙarfi ya je kotu. Galibi ba sa zuwa. A cikin wannan hali fayil ɗin Malam Usmanu ya iso teburina: rahoton 'yan sanda, zanen wurin hatsari, takardar likita, inshorar lori mai sauran wata biyar, da gurbin lasisi babu komai.

Sai kun san yadda muke yi a ƙauye kafin ku gane abin da ya biyo baya. In mutum ya mutu ta hannun ɗan gari ba da gangan ba, ranar sadakar uku dangin wanda ya yi sanadi sukan zo da dattawa, da sukari da ganyen shayi, su zauna a ƙasa ba a kan tabarma ba. Liman ya yi magana, 'yan uwan mamaci su ce sun yafe, a shafa fatiha. Karɓar diyya daga hannun ɗan uwa abin kunya ne. Da zuwan inshora mutane sun sami hanya: a yafe wa direba a baki, a karɓa daga kamfani, tunda kamfani ba ɗan gari ba ne. To amma a wannan karon wani ya gaya musu cewa tunda babu lasisi inshora ta mutu, diyya duka za ta hau kan Sa'idu, zai zauna a kurkuku har sai ya biya. Sa'idu ko akuya ba shi da ita. Don haka 'yan uwan Malam Usmanu maza suka yafe, suka je suka dangwala. Saura matarsa, Inna Halima. 'Ya'yanta mata biyu, duk sun girma, da surukarta tsohuwa makauniya da take riƙo, sun ce abin da ta faɗa shi ne nasu.

Manajanmu ya ji labari, ya sa aka buga takardar tanazul, wato takardar yafewa, aka ƙara layi ɗaya a ƙarshenta. Ya ce Ustaz Tijani ya je ya karɓo yatsa, ni kuma in bi shi tunda ina jin yaren.

Mun isa da hantsi. Mun tarar da Inna Halima a tsakar gida tana tsince wake, ga liman da Garba, ƙanen mijinta, suna jiranmu a inuwar danga. Ita da mijinta ba su da hawasha, wato gonar ban-ruwa, tasu ta kansu. Malam Usmanu noman raba-daidai yake yi a gonar wani, kuma mai gonar ya riga ya ba wani tun kafin a yi arba'in. Aka kawo shayi.

"Ku sha," in ji ta. "Sukarin Alhaji Bello ne, buhu guda ya kawo. Ko shekara munka yi muna zaman makoki ba ya ƙarewa." Ta dube ni. "Ke ɗiyar wa ce?"

"Ɗiyar Malam Haruna mai ɗinki ce, Inna, na ƙetaren ruwa."

"To kin ji Hausa. Larabcin kasuwa na iya, na takarda ban iya ba. Karanta mini, kalma kalma."

Garba ya ce, "Yaya, mi za a karanta? Abin da munka dangwala ne. Ki sa yatsa baƙi su koma da rana."

"Ranar ba ta gudu ba, Garba."

Na karanta. Ustaz Tijani bai taɓa koya mini tsallake layi ba, don haka da na zo layin ƙarshe na fassara shi yadda yake: cewa ba ta da wani haƙƙi a kan direba, ko mai mota, ko kamfanin inshora, yanzu ko nan gaba.

"Tsaya. Maimaita wurin kamfani."

Na maimaita.

Ta ajiye faifan waken. "Liman, ba kai ka ce mini ta'amin ya mutu ba?"

"Haka anka ce muna, Halima. Babu ruksa, babu ta'amin."

"To matacce mi za ni yafe mishi? Ɗiyata, in kamfaninku ba ya da abin biya, mi ya sa ya ƙona fetur tun daga Sinnar yana neman yatsana?"

Ustaz Tijani ya tambaye ni da Larabci me ta ce. Na gaya masa. Ya cire tabarau ya goge da gefen rawani, ya daɗe yana gogewa. Sannan ya ce, "Faɗa mata sharaɗi na bakwai, da abin da ke ƙarƙashinsa. Kin fi ni haddace shi."

Na yi mata bayani. Mai mota ya yi wa kamfani alkawari ba zai ba marar lasisi tuƙi ba. Alkawarin tsakaninsu ne su biyu, Malam Usmanu bai sa hannu a ciki ba. A abin da muka saba gani, alƙali yakan sa kamfani ya biya magada, sannan kamfani ya juya kan mai motar da ya karya alkawari ya nemi abin da ya biya. Na ce mata hukunci na alƙali ne, ba namu ba.

Liman ya dube ni ya ce, "Ustaza, gyara kinka zo yi ko ɓatawa?"

Garba ya miƙe yana kakkaɓe riga. "Tun da kakanninmu sunka sauka ƙasar ga ba mu ci jinin juna ba. Ba a kan ɗan uwana za a fara ba."

Inna Halima ta ɗauki gwangwanin tawadar da na buɗe, ta rufe shi, ta miƙo mini. "Rufe abinki kada ya bushe."

Mun koma da takarda fara. Manaja ya tambayi wanda ya ce a yi bayani. Ustaz Tijani ya ce shi ne. Kafin wata ya ƙare aka mai da shi ɗakin ajiyar tsofaffin fayil, inda ya zauna har ya yi ritaya. Ni takardar gargaɗi aka ba ni, na ɗinke ta a cikin fayil ɗina da kaina, tunda ɗinki aikina ne.

A zaman farko na kotun hanya, ni na ɗauki fayil na bi lauyan kamfani. Lauya ya tashi ya karanta sharaɗi na bakwai da murya mai kyau, ya ce kamfani ba shi da alhaki. Alƙalin, wani siriri mai furfura, ya saurara har ƙarshe, sannan ya tambaye shi ta yaya mutumin da ke kan jakinsa zai duba lasisin motar da ke tahowa a bayansa. Lauya ya ce ba zai iya ba. Alƙali ya ce laifin tuƙi babu lasisi na Sa'idu ne, kuma zai hukunta shi a kai. Amma in magada suka nemi diyya, kamfani ne zai biya su, ƙofa kuma a buɗe take kamfani ya bi mai mota. Rabon waɗanda suka yafe ya faɗi. Ya juya ga Inna Halima ya tambaye ta: yafiya ko diyya? Ta ce a ba ta lokaci. Ya ba ta mako biyu.

A nan ne aikin ya yi nauyi, domin yanzu kowa a ƙauyen ya gane inda maganar ta nufa. Sa'idu ya tsira daga diyya, amma Alhaji Bello ba shi da abin da zai biya kamfani sai lorin nan, kuma shi kaɗai ne lori a garin. Shi ke kai dawa da albasa kasuwa, shi ke ɗaukar mai naƙuda zuwa asibitin Hajj Abdalla in hanya ta yi laka, shi ya ɗauki kayan ɗakin babbar 'yar Inna Halima kyauta. Mata suka fara taƙaita mata gaisuwa a bakin famfo. A gidanta kuma babu namiji, babu gona, ga tsohuwa da magani, ga ƙaramar 'yar da ta sami gurbi a makarantar ungozoma tana jiran kuɗin mota da na littafi.

Sau uku ta zo ofishinmu a cikin makon biyun nan. Takan zauna a bencin ƙofa da takalmanta a hannu saboda laka. Ta nemi manaja, ya ce ta ga lauya. Lauya ya ce maganar tana gaban kotu. Ta gaya mini ta je wajen liman, ya karanta mata falalar haƙuri, da ta tambaye shi ko diyya haram ce ya ce a'a, halal ce, sai dai a duba zumunci. Ta leƙa ɗakin ajiya wurin Ustaz Tijani, ya ba ta kujerarsa ya ce shi baƙo ne a cikin al'amarin garinsu. A zuwa na uku ta zo teburina.

"In kamfani ya bi Alhaji, har ina yake binshi?"

"Har ya karɓi abin da ya biya, Inna."

"Lorin ke nan."

"Ina jin haka. Wani lokaci ana yarda a biya kaɗan-kaɗan, amma bana ba na zaton za su yarda."

"To ni ba doka na zo tambaya ba, doka na ji ta bakin alƙali. In karɓa, ko in bari?"

Na ce mata ni ma'aikaciyar kamfani ce, duk abin da na faɗa a kan wannan ba zai zama mai tsabta ba. Ta yi ɗan murmushi ta ce, "Kowa na da inda yake laɓewa. Ke bayan tebur, liman bayan littafi." Ta sa takalmanta ta fita.

Ku lura da wannan, domin za ku gamu da shi. Za ku iya sanin sharaɗi da lambarsa, ku san abin da alƙali zai ce tun bai faɗa ba, amma mai fayil ya yi muku tambayar da ba ku da hurumin amsawa. Kada ku yi ƙarya don ku sallame shi, kada kuma ku yanke masa. Ku faɗi abin da ke rubuce duka, har layin da manaja ba ya so, ku tsaya nan.

Fayil ɗin ya rufu bayan wata bakwai. Kamfani ya biya ta hannun kotu, ya bi Alhaji Bello, aka sayar da lorin. Na sha ganinsa daga baya a tashar Sinnar da sabon fenti shuɗi, yana ɗaukar bulo. Sa'idu ya biya tara, ya yi ɗan zaman da aka yanke masa, bayan shekaru ya sami jinsiyya da lasisi, ni ma na duba hatiminsa a bakin taga, da'irar ta cika. Duk wannan yana cikin fayil, kuna iya nema a ɗakin ajiya in gara ba ta ci ba. Yadda aka kai ga hukuncin ne ban rubuta a ciki ba, domin babu gurbinsa a fom.

Safiyar zama na biyu, kafin a kira suna, ina tsaye a harabar kotu da fayil a ƙirji. Mutanen ƙauyen sun zo da yawa a bayan tarakta, tunda lorin yana hannun 'yan sanda. Maza sun taru ƙarƙashin darbejiya kusa da mai shayi, Alhaji Bello a tsakiyarsu a kan benci, ga liman, ga Garba. Inna Halima tana can gefe da ƙaramar 'yarta. Tun ranar sadakar uku ba ta yi magana da Alhaji ba, komai ta bakin dattawa yake bi, haka ake yi. Sai na ga ta gyara mayafi ta ratsa harabar ita kaɗai, ta tsaya a gabansa.

"Alhaji, ina kwana."

"Lafiya lau, Halima. Ya haƙuri?"

"Da godiya. Na tambayi kamfani, na tambayi liman, na tambayi ɗiyar Malam Haruna. Kowa ya turo ni gaba. Kai ne ban tambaya ba, kuma lorinka ne. Yanzu za a kira ni. Mi zan ce?"

Garba ya fara magana, Alhaji ya ɗaga masa hannu. Ya ajiye kofin shayin a ƙasa kusa da ƙafarsa.

"Sa'idu bai ɗauki makulli ba, Halima. Ni na ciro shi daga aljihuna na miƙa mishi, kuma na san ba shi da ruksa. Sukarin da na kawo miki na gaisuwa ne, ba kuɗin Usmanu ba ne. Ki shiga ki ce diyya. Wanda duk ya yi miki magana a gari, ki turo shi gidana."